Koren Biro da Haƙƙin Jin Ba'asi



Duk wanda ya taɓa zama a sashen kuɗi na wata ma'aikatar gwamnati ya san koren biro. Akawu yakan yi rubutu da shuɗi ko baƙi, amma kore an keɓe shi, domin Dokokin Kuɗi na gwamnatin tarayya sun hana kowa sa koriyar tawada a littafin lissafi in ba ma'aikatan Babban Odita ba. Saboda haka idan kashiya ya buɗe fayil da safe ya tarar an ja koren layi a ƙarƙashin wani adadi, ga alamar tambaya a gefe, ya san baƙi sun zo, kuma sun ga abin da bai kwanta musu a rai ba. Ba a jimawa sai takarda ta biyo baya. Ma'aikata kan ce an ba wane kweri. 'Yan jarida kan ce takardar tuhuma. Sunan da ya fi dacewa da ita shi ne takardar neman ba'asi, don abin da aka aiko ta nema ke nan: ga kuɗi sun fita, ba a ga shaidar inda suka shiga ba, a zo a yi bayani.

Sai dai a ƙasar nan takardar kan rikiɗe tun ba ta kai hannun mai ita ba. A ofis an fara yi masa kallon hadarin kaji. A majalisar unguwa an gama yanke masa hukunci. In kuma maganar ta hau kanun labarai, kuɗin da aka ce ba a yi bayaninsu ba sai su koma kuɗin da suka yi ɓatan dabo, kafin magariba sun zama kuɗin da aka sace. Tsakanin tambayar odita da kalmar ɓarawo akwai tafiya mai nisa, kuma doka ta shimfiɗa zango-zango a kan hanyar. A kowane zango an ce a tsaya a ji ta bakin mutum.

A ɗauki misali irin wanda ma'aikatan karkara suka sani sarai. Jami'in da ke riƙe da ƙaramin asibiti a wani ƙauye ya karɓi adibas na naira dubu 300 don gyaran firjin rigakafi da famfon ruwa. Makanikin da ya yi aikin ba shi da rasit bugagge, sai ya yagi fallen takarda daga littafin ɗansa na makaranta, ya rubuta abin da ya karɓa, ya dangwala yatsa. Jami'in ya haɗa wannan da rasit ɗin kayan da ya sayo a birni, ya liƙa su a bayan bauca, ya hau babur ya kai hedikwata, ya miƙa wa akawun da ya tarar a kan tebur. Bai riƙe kwafi ba, bai ce a buga masa hatimin karɓa ba, saboda akawun ɗan garinsu ne kuma sun yi sallar azahar tare. Bayan shekara biyu an yi masa canjin wurin aiki, akawun ya yi ritaya, fayil ɗin yana ƙasan wani tsibin takardu da damina ta taɓa. Oditoci suka zo suka ga adibas a littafi, ba su ga rasit ba, suka rubuta. Takardar ta tsaya a tiren wani darakta. Shi dai jami'in bai san wainar da ake toyawa ba sai ranar da albashi ya shigo ya ga an zaftare kashi ɗaya bisa uku, aka ce haka za a yi ta cira har kuɗin su cika.

Odita bai yi laifi ba a nan. Abin da ya gani ya rubuta. Laifin yana wurin da aka tsallake mai amsa aka wuce kai tsaye ga albashinsa. Firjin yana nan yana aiki, makanikin yana raye, mai unguwa ya ga ranar da aka yi gyaran. Da an tambaya, cikin yini ɗaya magana ta mutu.

Yadda tsarin yake a takarda kuwa ba shi da laifi. Sashe na 85 na kundin tsarin mulki na 1999 ya ɗora wa Babban Odita na Tarayya binciken asusun gwamnati da ofisoshinta da kotunanta, ya ba shi ikon ganin kowane littafi da kowace takarda, ya kuma ce babu wanda zai juya shi a cikin aikinsa. Sashe na 125 ya yi wa jihohi irin wannan tanadi, kuma jihohin suna da odita na musamman mai duba ƙananan hukumomi. Idan oditoci suka shiga ma'aikata, bisa al'adar aikin sukan zauna da shugabanninta kafin su fara, su sake zama da su in sun gama, su karanto abin da suka gano don a warware wanda zai warwaru nan take. Abin da ya rage sai a rubuto shi ga jami'in da alhakin kuɗin ma'aikatar ke wuyansa, wato babban sakatare ko shugaban hukuma. Wanda aka amsa aka gamsu, an binne shi ke nan. Wanda ba a amsa ba, ko amsar ba ta gamsar ba, shi ke shiga rahoton shekara, wanda tsarin mulki ya ce a miƙa wa majalisun dokoki cikin kwana 90 daga ranar da Akanta Janar ya kawo lissafinsa. A majalisa ma ba a gama ba. Kwamitin asusun gwamnati, wanda bisa al'ada ɗan adawa ke shugabanta, zai kira ma'aikatar a bainar jama'a, odita na gefe guda, su suna gefe guda, sannan kwamiti ya soke tuhumar ko ya tabbatar da ita.

Dokokin Kuɗi na 2009 sun ma ƙayyade kwanaki. Ma'aikacin da aka ce ya biya kuɗi ba bisa ƙa'ida ba, kwana 21 ake ba shi ya kawo bayani, kuma sai bayanin ya kasa sannan a karɓo kuɗin daga wurinsa. Haka wanda bai kawo lissafin adibas ba. Dokokin aikin gwamnati su ma sun ce kafin a kori ma'aikaci sai an rubuta masa laifin da ake zarginsa da shi filla-filla, an bar shi ya ga takardun da za a kafa hujja da su a kansa, an ba shi dama ya kawo shaidunsa ya kuma yi wa na ɗaya ɓangaren tambayoyi. Duk waɗannan rassa ne. Uwar bishiyar ita ce sashe na 36 na tsarin mulki, wanda ya ba kowane ɗan ƙasa haƙƙin a saurare shi bisa adalci, cikin lokacin da ya dace, kafin a yanke wani abu da ya shafi haƙƙinsa ko abin da ake binsa.

Ma'aikatan ƙasar nan sun ɗanɗana rashin wannan kariya. A 1975, bayan hawan Janar Murtala Muhammad, an sallami ma'aikata sama da dubu 10 cikin 'yan watanni, da yawansu a rediyo suka ji sunansu. A ciki akwai waɗanda suka cancanci fiye da kora, akwai kuma waɗanda ƙiyayyar ofis ce ta ci su, kuma tun da ba a tsaya an tace ba, har yau babu mai iya rarrabe su. Da yawa daga masu nazarin aikin gwamnati na ganin tun daga lokacin ma'aikaci ya daina yarda cewa gaskiyarsa za ta kai shi fansho, ya shiga tanadin gobe ta hanyar da ba ta dace ba.

Kotun Ƙoli ce ta dawo da abin kan turba a shekarun 1980. Shari'ar da kowane ɗalibin lauya ya haddace ita ce ta Garba da Jami'ar Maiduguri. A watan Fabrairun 1983 ɗalibai sun yi tarzoma, an ƙona dukiya, an wawashe kaya, jami'a ta kafa kwamiti ta kori waɗanda aka ce su ne kanwa uwar gami. A 1986 Kotun Ƙoli ta rushe korar. Dalilinta shi ne ba a ba ɗaliban cikakkiyar damar kare kansu ba, ga shi shugaban kwamitin, mataimakin shugaban jami'a, yana cikin waɗanda ɓarnar ta shafa, ya zama shi ne mai ƙara shi ne alƙali. Kotun ta ƙara da cewa zargin da ya kai ga laifi irin na ƙone-ƙone da sata hurumin kotu ne.

Shekara guda bayan haka aka yanke wadda ta fi kusa da batun yau. Wani ma'aikaci mai suna Aiyetan yana aiki a cibiyar binciken kwakwar manja da ke kusa da Benin, kuɗi suka ɓata, aka kafa kwamitin bincike, aka kira shi ya ba da shaida. Ya je ya faɗi abin da ya sani a matsayin shaida. Da rahoto ya fito sai ya zama shi aka ɗora wa laifin, aka kore shi. Hukumar ta ce ai an ji ta bakinsa, tun da ya bayyana gaban kwamiti ya yi magana. Kotun Ƙoli ta ce a'a. Wanda aka kira shaida bai san wuyansa ake auna wa igiya ba, bai shirya kariya ba, bai nemi ganin takardu ba, bai yi wa kowa tambaya ba. In bincike ya nuna shi, sai a fito fili a gaya masa ga abin da ake zarginsa da shi, sannan a saurare shi a matsayin wanda ake zargi. Wannan hukunci ya kamata a manna shi a bangon kowane ofishin mulki, domin har gobe ana kiran mutane "su taimaka wa kwamiti", su fito da takardar sallama.

Manya ma sukan nemi wannan inuwa in rana ta yi zafi. Ranar 20 ga Fabrairun 2014 Shugaba Goodluck Jonathan ya dakatar da gwamnan Babban Banki, Malam Sanusi Lamido Sanusi, yana Yamai wurin taro, makonni kaɗan bayan ya gaya wa majalisar dattawa cewa dala biliyan 20 na kuɗin mai ba su shiga asusun tarayya ba. Fadar shugaban ƙasa ta jingina matakin da rahoton hukumar da ke sa ido kan rahotannin kuɗi, wadda ta soki lissafin bankin na 2012. Bayan dakatarwar sai hukumar ta gayyace shi bincike. Ya garzaya Babbar Kotun Tarayya a Legas, kuma a watan Mayun shekarar Mai Shari'a John Tsoho ya hana hukumar bincikensa, saboda tun a 2013 ta riga ta rubuta wa shugaban ƙasa matsayarta a kansa ba tare da ta ji ta bakinsa ba. Wanda ya riga ya yanke hukunci ba zai dawo ya ce zai saurara da zuciya ɗaya ba. A lura, kotun ba ta ce lissafin bankin tas yake ba, ba ta kuma ce da datti ba. Hanyar da aka bi ta duba. Mutanen Kano dai sun daɗe da sanin nauyin binciken kuɗi, don binciken da Baturen nan Muffett ya yi wa baitulmalin En'e ta Kano shi ya kai ga murabus ɗin Sarki Muhammadu Sanusi na ɗaya a 1963, ya koma Azare da zama.

Ga musulmin ƙasar Hausa wannan ƙa'ida ba daga Ingila ya fara jin ta ba. Almajiri ya karanta labarin Annabi Sulaimanu, amincin Allah ya tabbata a gare shi, lokacin da ya duba rundunarsa bai ga alhudahuda ba. Ya yi alkawarin horo mai tsanani, amma ya bar ƙofa a buɗe in tsuntsun ya zo da hujja bayyananna, kuma da ya zo da labari bai gaskata shi nan take ba, bai ƙaryata shi ba, sai da ya gwada. Sayyidina Ali ya ruwaito cewa da Manzon Allah, sallallahu alaihi wa sallam, zai aike shi Yaman alƙalanci, ya hore shi kada ya yanke wa na farko hukunci sai ya ji na biyu. Khalifa Umar, a wasiƙarsa ga Abu Musal Ash'ari, ya ce wanda ya yi da'awar yana da hujjar da ba ta kusa a sa masa wa'adi ya kawo ta, wanda shi ne ruhin kwana 21 ɗin nan. Da mutanen Kufa suka kai ƙarar gwamnansu Sa'adu ɗan Abi Waƙƙas, Umar ya kira shi ya tambaye shi, ya kuma aika aka bi masallatan garin ana tambayar jama'a.

Amma akwai labarin da ya fi kowanne kama da aikin odita, kuma yana nuna ɗaya fuskar al'amarin. Manzon Allah ya aiki wani mutum da ake kira Ibnul Lutbiyya karɓar zakka. Da ya dawo aka zauna lissafi da shi, sai ya ware wani kaso ya ce na baitulmali ne, wani kuma ya ce kyauta aka yi masa. An saurare shi har ya gama. Sannan aka ƙi bayanin, aka nuna masa cewa da a gidan iyayensa ya zauna babu mai kawo masa wannan kyauta. Haƙƙin a ji ba'asin mutum bai taɓa nufin dole a karɓi ba'asin ba.

A nan ne lamarin Najeriya ke da ciwo, domin waɗanda ƙofar sauraro ke buɗe musu hanhai su ne ba sa shiga. Wanda ya buɗe rahoton Babban Odita na shekarun baya-bayan nan zai ga kowace tuhuma da gurbin da aka bar wa ma'aikata ta sa amsarta, kuma shafi bayan shafi abin da ke gurbin shi ne ba a amsa ba. Shugabannin kwamitin asusun gwamnati na majalisun biyu sun sha kokawa cewa ana gayyatar shugabannin hukumomi sau uku, sau huɗu, sai su turo ƙaramin jami'i ko wasiƙar cewa sun yi tafiya, har sai an yi barazanar amfani da sashe na 89 na tsarin mulki a sa 'yan sanda su kawo su. Mai kaza a aljihu ba ya jimirin as. Wani kuma raini ne kawai, ya san babu abin da zai biyo baya.

In an zo ɗin ma, wani lokaci amsar kan fi tuhumar tayar da hankali. A watan Agustan 2022 kwamitin majalisar dattawa ƙarƙashin Sanata Matthew Urhoghide yana bin sawun sama da naira biliyan 17 da hukumar inshorar ma'aikata ta NSITF ta fitar a 2013, waɗanda rahoton odita ya ce ba a ga baucocinsu ba. Aka shaida wa kwamitin cewa takardun suna cikin wata kwantena da ruwan sama ya daka shekara da shekaru, mai yiwuwa gara ta cinye su. Daga baya hukumar ta fito ta ce takardunta suna nan. Ko ma wanne ne gaskiya, kuɗin da aka kashe a 2013 ne ake tambaya a 2022, shugabannin da suka sa hannu sun daɗe da tafiya, waɗanda ke kan kujera ba su ga fitar kuɗin ba.

Wannan jinkiri shi ne babban abokin gabar mai gaskiya, kuma shi ne babban aminin mai laifi. Rahoton odita na 2019 ya ce bindigogi da makamai 178,459 na 'yan sanda ba a san inda suke ba zuwa ƙarshen 2018, a cikinsu akwai AK-47 guda 88,078. Rahoton bai isa majalisa ba sai a 2021. Sai a Fabrairun 2025 Sufeto Janar Kayode Egbetokun ya bayyana gaban kwamitin majalisar dattawa, inda aka taso da batun wasu bindigogi 3,907 daga cikin rahoton. Rundunar ta yi bayanin cewa sau da yawa oditoci kan zo rumbun makamai alhali bindigogin suna hannun jami'an da aka tura fagen aiki, wasu kuma an ƙwace su ne a hare-haren da aka kashe masu riƙe da su. Bayani ne da za a iya gwadawa: a ɗauko rajistar rumbu, a bi lambar kowace bindiga, a ga wa ya sa hannu ya ɗauka. A makon da oditoci suka zo, aikin kwana kaɗan ne. Bayan shekara biyar, an canza kwamishinoni, an canza masu riƙe da rumbu, wasu ofisoshin ma an ƙone su. Mutumin Zamfara ko Katsina da ke kwana da fargabar 'yan bindiga yana da haƙƙin ya san gaskiyar wannan adadi, kuma ba zai san ta ba sai an yi tambaya da amsa a kan kari.

Ƙalubalantar odita da hujja kuwa aiki ne mai amfani ga kowa. A Maris ɗin 2016 Babban Odita Samuel Ukura ya ce kamfanin mai na NNPC bai zuba naira tiriliyan 3.2 a asusun tarayya ba a 2014. Cikin kwanaki kamfanin ya mayar da martani da nasa lissafin, ya ce an manta da kuɗin tallafin mai da asarar bututu da wasu kashe-kashe, abin da ake binsa bai wuce naira biliyan 326 ba. Mutum na iya ƙin yarda da wannan lissafi, amma aƙalla an sami alƙaluma biyu da za a aza a sikeli, an kuma san ainihin inda gardamar take, wato ko kamfani na da ikon cire kuɗi tun daga tushe kafin ya kai wa asusu. A 2025 ma kwamitin Sanata Aliyu Wadada ya jero wa kamfanin tambayoyi 19 a kan naira tiriliyan 210 da ke cikin lissafinsa na 2017 zuwa 2023. Sanatan da bakinsa ya ce ba a ce an sace ba, bayani ake nema. Shugaban kamfanin, Bayo Ojulari, ya ce bai daɗe da kama aiki ba, ya roƙi lokaci, aka ba shi mako uku. Daidai ne a ba shi. Abin da ake nema shi ne jami'in asibitin ƙauyen nan ma a ba shi nasa mako ukun, kuma takardar ta isa hannunsa.

To wanda koren biro ya faɗa wa, ina mafita? Farko dai kada ya yi shiru, kada kuma ya tsaya neman wanda zai je ya yi masa magana a bayan fage, don wa'adi na tafiya. Ya amsa a rubuce, tuhuma bayan tuhuma, ya haɗa kwafin duk abin da ke hannunsa. In takardun da zai kare kansa da su suna ofishin da ya bari, ya rubuta ya nemi a ba shi damar ganinsu, ya nemi ƙarin lokaci tun wa'adin bai cika ba. In kuma yana son a zauna da shi baki da baki, ya faɗa a cikin takardar ƙarara. Wata shari'a daga Ingila ta nuna muhimmancin wannan. A 1985 kansilolin birnin Liverpool sun yi ja-in-ja da gwamnatin Margaret Thatcher, suka jinkirta ƙayyade harajin gidaje, oditan gunduma ya ce jinkirin ya jawo asarar fam 106,103, su biya daga aljihunsu. Ya ba su dama su kare kansu a rubuce, suka aika da amsa ɗaya ta haɗin gwiwa. Da hukunci ya fito suka tafi kotu suna cewa ba a saurare su ido da ido ba. A 1987 kotun ƙarshe ta ƙasar ta ce ai ba su nema ba, kuma damar da aka ba su ta wadatar. Kansiloli 47 suka rasa kujerunsu, aka haramta musu riƙe muƙamin shekara biyar.

In an yanke wa ma'aikaci albashi ko an kore shi ba tare da an bi waɗannan matakai ba, yana da inda zai kai kuka. Akwai ɗaukaka ƙara ta cikin gida zuwa hukumar kula da ma'aikata. Akwai Hukumar Karɓar Ƙorafe-ƙorafen Jama'a, wadda aka kafa a 1975, marigayi Ɗanmasanin Kano Alhaji Yusuf Maitama Sule ya fara jagorantarta, tana da ofishi a kowace jiha kuma ba a biyan ko kwabo. Akwai Kotun Ma'aikata ta Ƙasa, wadda gyaran tsarin mulki na 2010 ya damƙa wa duk rikicin da ya shafi aiki da albashi da fansho. Sai dai a yi hanzari, domin dokar kare jami'an gwamnati ta sa wa'adin wata uku ga mai son kai hukuma ƙara. Kotuna sun saɓa a kan ko wa'adin ya shafi rikicin aiki, kuma mai hankali ba zai bari a gwada wannan gardama a kansa ba.

Shi kansa oditan yana bukatar wanda zai saurare shi. A farkon 2003 muƙaddashin Babban Odita Vincent Azie ya fitar da rahoton 2001 wanda ya taɓa ma'aikatu da dama har da fadar shugaban ƙasa. Ministoci suka yi masa ca, wa'adin riƙonsa na wata shida na cika aka sallame shi. Shekara da shekaru ofishin yana tafiya ne da gyauron dokar Turawa ta 1956. Majalisa ta takwas ta zartar da sabon ƙudurin da zai ba ofishin 'yancin kuɗi da na ɗaukar ma'aikata, ya kuma sa hukunci a kan wanda ya ƙi amsa tambaya, amma Shugaba Muhammadu Buhari bai sa masa hannu ba. Duk ranar da za a kammala wannan doka, ya kamata ta ɗaure ɓangarorin biyu da igiya ɗaya: shugaban hukumar da ya yi biris da tambaya ya ɗanɗana kuɗarsa, sannan kada sunan ma'aikaci ya shiga rahoto, kada a taɓa kwabo a albashinsa, sai an nuna shaidar cewa takardar ta isa gare shi shi kansa, da ranar da ta isa, da abin da ya ce.

Kafin wannan rana, jami'in asibitin ƙauye da shugaban makarantar firamare da ma'ajin ƙaramar hukuma suna da abu ɗaya a hannunsu. Duk rasit ɗin da za su miƙa, su tsaya a shagon hoton takardu na bakin sakatariya su cire kwafi biyu. Su miƙa na asali, su sa akawu ya buga hatimi a kan kwafin, ya rubuta kwanan wata da sunansa, ko da ɗan garinsu ne, ko da zai ce haba Malam, ba ka yarda da ni ba ne. Su ɗauki hotonsa a waya, sannan su kai takardar gida su sa a leda, a ƙasan akwatin da ake ajiye takardar gona da ta haihuwar yara.